Marin da Bai Taɓa Kunci Ba

Ni na tafa hannun. Gara in faɗi wannan tun farko, domin duk wanda ya ga bidiyon nan a wayarsa, ya ji ƙarar mari tas, ya tsine wa Maman Ƙyalƙyal, to ƙarar tafina ya ji, ba marinta ba.

Ɗinki nake yi, ina haya a ɗakin bakin ƙofa na gidan surukanta. Tagata tana kallon tsakar gida, don haka ko ina so ko ba na so, abin da ya wuce a gidan sai ya bi ta idona. Tun rasuwar mijinta take zaune a ɗakinsa, ita da 'yarta mai shekara shida. Ƙyalƙyal ake ce wa yarinyar, saboda ko ƙuda ne ya sauka a hancin mutum sai ta ƙyalƙyale da dariya har ta faɗi. An gaya wa uwar tun da wuri cewa in tafiya take so ƙofa a buɗe take, amma yarinya ta gidan ce. Shi ya sa ta zauna.

Zaman kuwa ba wanda ya ɗauki nauyinsa, sai ta nemi aikin fim. Finafinan iyali ne, irin waɗanda ake kallo da yara a falo, a yi rigima a yi rigima, a ƙarshe kowa ya yi nadama a yafi juna. Guda uku kacal ta yi. A na farko ma'aikaciyar asibiti ce, ta shigo da tire ta ajiye ta fita, ko tari ba ta yi ba. A na biyu maƙwabciya ce da ta ce, "Sannunku da haƙuri." Na ukun ne ta shigo ɗakina da takarda a hannu, bakinta har kunne.

"Yaya, wannan karon da magana! Shafi huɗu! Matar kawu zan fito, muguwa, mai riƙon marainiya."

"Ke ɗin?" na ce. "Ke da kike ba kyankyaso hanya ya wuce?"

Mutanen gidan uku ne masu faɗa a ji. Akwai Hajiya, surukarta. Akwai Baffa, yayan mijinta, wanda in ya yi gyaran murya ko kaji sai sun nutsu. Sai Gwaggo, yayar mijin, mai sana'ar ƙanƙara da firiza biyu a ɗakinta, kullum cikin kukan ciwon baya da rashin mai taya ta aiki. Dukkansu 'Yar Fim suke kiranta, suna yatsina fuska. Amma kullum da yamma za ka same su jere a falo gaban talabijin, suna kallon finafinan nan har da share hawaye.

Matsalarta a sabon fim ɗin mari ne. Ta zauna a bakin keken ɗinkina ta yi mini bayani.

"Ba a taɓa mutum fa, Yaya. Hannu ta gaban fuska yake wucewa, tazarar yatsa huɗu. Wanda aka mara ya juya kai da sauri ya dafe kunci, wani kuma a bayan kyamara ya tafa hannu. In ukun nan suka haɗu lokaci ɗaya, ko uwar yaron sai ta rantse an mare shi. To ni darakta ya ce hannuna sanyi gare shi, kamar mai kore wa jariri sauro. Ya ce in ban gyara nan da kwana uku ba zai ba wata."

Ba ta da wanda za ta gwada da shi sai 'yarta. Ƙyalƙyal kuwa kamar an ba ta sabon abin wasa. Kwana uku muna yi da rana a ɗakinsu, ni ina zaune a bakin gado ina tafi. Uwar ta haɗe rai, ta zare ido, ta faɗi abin da ke rubuce a takarda:

"Uban wa ya ce ki taɓa abincin nan? Marainiyar banza!"

Hannu ya wuce, in tafa, yarinya ta juya kai ta dafe kunci ta ɓarke da kuka. Ta riƙe kukan na ɗan lokaci, sai dariya ta ƙwace mata, mu ukun mu kwashe. Har yau ina jin haushin kaina da ban ce a rufe taga ba. Kuma ya kamata in tuna cewa kalmar marainiya a ɗakin nan ba ta fim kaɗai ba ce.

A rana ta uku Gwaggo ta zo shanya a bayan tagar. Ta ɗauka da wayarta, daga zagin zuwa kukan. Tana jin dariya za ta fara ta tsayar. Kafin gari ya sake wayewa babu ɗan uwa na kusa ko na nesa da bai gani ba.

Da hantsi aka kira taro a falo. Baffa ya hakimce a kujerar da ba mai zama sai shi, ya kunna bidiyon sau uku, kowane karo yana ƙara murya. Maman Ƙyalƙyal tana durƙushe a kan tabarma.

Ta ce masa, "Yaya, wallahi gwaji ne. Aikin fim nake koya. Hannuna bai taɓa ta ba."

"Kunnena ne ya yi ƙarya ke nan? Ko ni ne ban san ƙarar mari ba?"

Ina tsaye a bakin ƙofa, na kasa haƙuri. "Maigida, ni na tafa hannu. Ƙarar da ka ji tawa ce."

Ya juyo a hankali ya dube ni sama da ƙasa. "Au, har da 'yan tafi ake yi? Ana dukan marainiya kina tafawa? Baiwar Allah, ɗaki muka ba ki haya, ba kujera a falon nan ba."

"To a bar ni in nuna muku," in ji uwar. "Ƙyalƙyal, zo mu yi musu su gani."

Gwaggo ta fizge yarinyar ta ɓoye a bayanta. "A gabanmu ma za ki ƙara mata? Kun ga ƙarfin hali!" Sai ta durƙusa, ta sassauta murya kamar ba ita ba. "'Yata, gaya wa Baffa gaskiya, ba mai taɓa ki. Mamanki tana yi miki haka?"

Fuskar yarinyar ta washe. Ta ɗauka yabo ne ya zo.

"E mana! Kullum ma. Jiya sau takwas muka yi. Ni har kuka na iya!"

"Kun ji," in ji Gwaggo, tana miƙewa. "Sau takwas."

Nan take Baffa ya yanke hukunci: yarinya ta koma ɗakin Gwaggo har a ga hankalin uwar ya dawo jikinta. Ƙyalƙyal ta bi Gwaggo tana waiwaye, tana jiran uwarta ta yi dariya a ce an gama wasan.

Da yamma Maman Ƙyalƙyal ta shiga wurin Hajiya. Ina jin su ta taga.

"Ni na san ba ki dake ta ba, 'yar nan," in ji tsohuwar. "Ai ina jin dariyarku daga nan."

"To Hajiya, ki faɗa musu mana!"

"In faɗa in ce me? Abu ya riga ya shiga wayoyin dangi. In na ce ba haka ba ne, 'yar da na haifa ce ta zama maƙaryaciya. Ki yi haƙuri, ai yarinyar ba barin gidan ta yi ba."

Wannan maganar ta fi hukuncin Baffa ƙona mini rai. Shi ko ba komai zai ce bai sani ba. Ita ta sani, ta kuma zaɓi wadda za ta kare.

Kashegari ce ranar ɗaukar fim, na rufe ɗaki na raka ta. Wani gidan haya ne suka cika da wayoyin lantarki da fitilu. Ta ja darakta gefe, ta roƙe shi ya zo gidan ya yi wa Baffa bayani, ko na minti biyar ne.

"Haba, Hajiyata," ya ce, yana duba agogo. "Ni fim nake yi, ba sulhu ba. In na sa ƙafa a gidan mutane, gobe a ce 'yan fim sun raba zumunci. Amma na ga bidiyon fa. Marin ya fita! Haka nake so. Je ki a yi miki kwalliya."

Ta je. Sau ɗaya aka ɗauka bai ce a sake ba. Kukan nadamar da ta yi a ƙarshen fim ɗin ma ba a shafa mata komai a ido ba.

Tsakanin ɗakinta da na Gwaggo taku goma sha biyu ne, na sha ƙirgawa. An hana ta yi wa yarinyar wanka, an hana ta yi mata kitso. In ta dafa abu ta ba ni in miƙa, Gwaggo ta karɓa ta juye wa kaji, ta ce ba a san abin da aka zuba ba. Ciwon bayan Gwaggo kuwa ya warke sarai, tun da ta sami ƙananan hannaye. Da safe Ƙyalƙyal ce ke ɗaura ledojin ruwa, ita ke jera su a firiza, ita ke kwaso ƙanƙara ta kai wa masu saye a ƙofar gida. Yatsunta suka yi fari suka tsattsage. Makaranta ta koma yau a je, gobe a ce aiki ya yi yawa.

Na taɓa yi wa Gwaggo magana. Ta ce, "Aiki nake koya mata. Ya fi a koya mata kukan ƙarya."

Bayan wata guda fim ya fito. Ranar gidan ya cika da dangi, har da waɗanda ba su taɓa zuwa gaisuwar rasuwa ba. Aka zaunar da Ƙyalƙyal a gaba. Da aka zo wurin marin, Gwaggo ta mayar baya aka sake kallo, ta sake mayarwa.

"Kalli uwarki da kyau. Kin ga har 'ya'yan mutane take duka."

Da aka kusa ƙarshe, inda matar kawu take durƙusawa ta nemi gafarar marainiya, Baffa ya ce kallon ya isa haka, a kashe.

A titi ma ba ta tsira ba. Mai kayan miya ya ce mata, "Muguwa, me za a ba ki?" yana dariya. Wata mata a motar haya ta matsar da ɗanta daga kusa da ita. Darakta ya kira ya ce akwai wani fim ɗin, uwar riƙo ce mai azabtar da yara, kuma ita ya fara tunawa.

Ta je wurin Baffa ta durƙusa. "Yaya, me zan yi a ba ni 'yata?"

"Ki bar fim. Gidan nan gidan mutunci ne. In kin bari sai mu duba."

A gabansa ta kira darakta ta ce ta daina. Darakta ya ce to, Allah ya sa haka ya fi alheri, ya kashe waya. Wata bakwai ke nan daga ranar da ta shigo da tire zuwa wannan rana. Ta jira mako biyu, sannan ta koma.

"Yaya, na bari."

"Na gani," in ji Baffa, yana sakace haƙori. "To yanzu da me za ki ciyar da ita? Mace ba sana'a ba komai, a ɗauki yarinya a ba ki ta mutu da yunwa? Ki bari tukuna."

Ta fito ta shigo ɗakina, ta zauna a ƙasa ta jingina da bango. Ba ta yi kuka ba. Na ba ta maɓallai ta riƙa ɗinka mini, don hannunta ya sami abin yi. Daga nan kullum a bakin tagata take wuni, allura a hannu, ido a ƙofar Gwaggo. In yarinyar ta fito da bokitin ƙanƙara sai ta ɗaga mata hannu a hankali. Da farko Ƙyalƙyal tana murmushi. Daga baya sai ta fara duba bayanta tukuna. Daga baya ta daina ɗago kai. Sunan ya zauna a bakin mutane, amma na fi wata ban ji dariyar ba.

Ranar da abin ya faru da tsakar rana ne, zafi kamar a gasa mutum. Yarinyar ta fito da bokiti cike, hannunta ya yi sanyi ya saki, ƙanƙara ta watse a ƙasa. Gwaggo ta fito da gudu.

"Uban wa zai biya ni wannan? Marainiyar banza!"

Wallahi haka ta ce, kalma da kalma. Ƙyalƙyal ta ɗago kai, na ga ta gyara tsayuwa kamar yadda uwarta ta koya mata. Ta shirya juya kai. Hannun ya sauka a kuncinta da kunnenta gaba ɗaya, ta faɗi a kan ƙanƙarar. Marin gaske ba ya yin ƙara mai tsafta irin ta tafina, wani nauyayyen sauti ne mara daɗi. Kuma kuka bai biyo nan take ba. Yarinyar ta zauna baki buɗe tana kallon Gwaggo.

Ban ga fitar Maman Ƙyalƙyal ba, sai ganinta na yi a tsakar gida. Ta ɗaga 'yarta, ta ga shatin yatsu huɗu a kunci. Ta ajiye ta, ta juya ga Gwaggo, ta ɗaga hannu. A raina na ce, sauke mata, Allah ya ba ki sa'a. Hannun ya taho da ƙarfi, ya wuce ta gaban fuskar Gwaggo, tazarar yatsa huɗu. Ko saba ne, ko zuciyarta ce ba za ta iya ba, ban sani ba. Ba wanda ya tafa. Hannayena biyu suna riƙe da ƙarfen taga.

Duk da haka Gwaggo ta juya kai, ta dafe kunci, ta zube ƙasa tana birgima.

"Wayyo ta kashe ni! Jama'a ku zo, 'Yar Fim ta mare ni!"

Na kalli finafinai da yawa a rayuwata, ban taɓa ganin wadda ta kai ta iyawa ba.

Aka kirawo Baffa daga shago. Maman Ƙyalƙyal ta tura yarinyar gabansa, ta juya masa kuncin.

"Yaya, duba. Wannan ba fim ba ne. Duba kunnenta!"

Ya ɗan leƙa. "Wannan ai tarbiyya ce. Ita ma uwa ce, ba za ta tsawata wa 'yar ƙaninta ba? Ke kuma har kin kai ki ɗaga wa yayar mijinki hannu a gidan ubanta?"

"Ba ta taɓa ta ba!" na ce daga taga. "Ina gani!"

"Ke dai ba kya gajiya da shaidar da ba a tambaye ki ba," in ji shi. "Kin ɗauka a waya?"

Ban ɗauka ba. Hajiya tana tsaye a ƙofar ɗakinta, ita ma ta ga komai. Na zuba mata ido. Ta gyara mayafi ta ce kanta ke ciwo, ta koma ciki.

Kafin rana ta faɗi aka fitar da Maman Ƙyalƙyal da jaka ɗaya. An kulle yarinyar a ɗakin Gwaggo don kada ta ga tafiyar, amma duk unguwa ta ji tana bugun ƙofa. A bakin ƙofar gida uwar ta riƙe hannuna. "Yaya, kar ki tashi daga ɗakin nan. Ki riƙa duba mini ita." Ta koma wurin wata 'yar uwarta a can ƙarshen gari. Sau uku tana zuwa, sau uku Baffa yana tare ta a waje.

Ban tashi ba. Ba kuma yabon kaina nake yi ba, domin kallo kawai nake yi, kamar yadda na saba. Har yanzu kullum da yamma suna jeruwa a falo su kalli finafinan iyali. In aka nuna marainiya ana zaluntarta, Hajiya ta share hawaye da gefen mayafi, Gwaggo ta ce Allah ya isa, Baffa ya girgiza kai ya ce duniya ta lalace. Marainiyar gidan kuwa tana bayan ƙofa tana ɗaura ledojin ruwa. Matar da ba ta taɓa dukan kowa ba ita gari ya sani da muguwa. Ko sunanta ba a riƙe ba, a can ƙarshen fim yake wucewa da ƙananan haruffa, lokacin kowa ya tashi. Wadda ta yi dukan kuwa, dangi sai sa mata albarka suke yi don ta riƙe 'yar ƙaninta.

Shekaranjiya Gwaggo ta fita unguwa, sai ga Ƙyalƙyal ta leƙo ɗakina. Ta rame, kuma yanzu in za ta saurari mutum sai ta juyo da kunnen dama. Akwai sabon shati a kuncinta. Na ba ta ƙyallaye ta yi wasa, ta riƙe su kawai ba ta duba ba.

"Anti Mai Keke, kina ganin Mama?"

"Ina ganinta. Tana gaishe ki, kullum sai ta tambaye ki."

Ta leƙa tsakar gida, sannan ta matso kusa da kunnena.

"Ki ce mata ta zo ta koya wa Gwaggo. Ni ina juya kaina daidai, yadda ta nuna mini. Gwaggo ce ba ta iya ba. Ita hannunta yana taɓawa."